Yawon buɗe ido a Indiya: me ya sa alƙaluman ke cin karo da juna?

A farkon shekarar 2025 gwamnatin jihar Uttar Pradesh ta sanar da cewa mutane sama da miliyan 660 ne suka yi wankan ibada a bikin Maha Kumbh na mabiya addinin Hindu, wanda aka gudanar a birnin Prayagraj daga 13 ga Janairu zuwa 26 ga Fabrairu. Sai dai kuma a shekarar 2024 baƙi 'yan ƙasashen waje da suka shiga Indiya ba su cika miliyan 10 ba, alhali Tailan, wadda al'ummarta ba ta wuce kimanin miliyan 70 ba, ta karɓi baƙi sama da miliyan 35 a wannan shekarar. Birnin Dubai shi kaɗai ya sauki baƙi miliyan 18.7. Mai karatu na iya tsayawa ya yi tambaya: shin Indiya babbar kasuwar yawon buɗe ido ce, ko kuwa ƙasa ce da aka bari a baya duk da girmanta da tarihinta? Duka maganganun biyu suna da tushe, kuma abin da ya raba su shi ne irin mutanen da kowane ɓangare yake ƙirgawa.

Wa ake ƙirgawa?

Ma'aikatar yawon buɗe ido ta Indiya tana fitar da alƙaluma iri uku, waɗanda sau da yawa ake cakuɗa su a labarai. Na farko shi ne na baƙi masu fasfo na wata ƙasa. Wannan adadi ya kai miliyan 10.93 a 2019, ya faɗo ƙasa da miliyan 3 a 2020 saboda annobar korona, ya ƙara sauka zuwa kimanin miliyan 1.5 a 2021, sannan ya farfaɗo zuwa miliyan 9.5 a 2023 da kusan miliyan 10 a 2024. Na biyu yana haɗa waɗannan baƙi da Indiyawan da ke zaune a ƙasashen waje amma suke riƙe da fasfon Indiya, waɗanda kan dawo ganin gida daga Dubai ko Riyad ko Landan. Idan aka haɗa su adadin yakan kusan ninkawa, ya kai miliyan 18.9 a 2023. Wannan na biyun ne ake yawan ambata idan ana so a nuna cewa ƙasar ta wuce matsayinta na kafin annoba.

Na uku shi ne na tafiye-tafiyen cikin gida, wanda ya kai kimanin biliyan 2.5 a 2023. Tun da al'ummar Indiya ba ta wuce biliyan 1.4 da ɗoriya ba, a fili yake cewa ba mutane ake ƙirgawa ba, ziyara ake ƙirgawa. Mutum ɗaya da ya bar ƙauyensu ya kwana a Varanasi, ya wuce Ayodhya, ya ƙarasa Agra, zai iya shiga lissafi sau uku, kuma jihohi ne ke tattara bayanan, kowace da irin salonta. Haka ma adadin Kumbh: ƙiyasi ne da aka yi da kyamarori da hotunan sama na masu shiga kogi, don haka wanda ya yi wanka a ranaku daban-daban an ƙirga shi fiye da sau ɗaya. Wannan bai rage girman taron ba, sai dai yana nufin bai dace a jera wannan adadi kusa da na masu shiga ƙasa da biza ba.

Ko a cikin rukuni na farko akwai abin lura. Shekaru da dama Bangaladash ce ta kasance kan gaba wajen aika baƙi Indiya, inda sama da miliyan 2.5 suka fito daga can a 2019, yawancinsu ta kan iyakar ƙasa, domin neman magani a Kolkata da Chennai, ko sayayya, ko ziyarar dangi. Amurka da Birtaniya ne ke biye a lokacin, kuma kaso mai tsoka na masu zuwa daga can 'yan asalin Indiya ne da suka karɓi fasfon ƙasashen. Idan aka ware waɗannan, baƙon da ya sayi tikiti don kawai ya ga Taj Mahal ko ya huta a gaɓar tekun Goa kaɗan ne ƙwarai a ƙasa mai wurare 44 a jerin wuraren tarihi na hukumar UNESCO.

Ta fuskar tattalin arziki, lissafin gwamnati ya nuna harkar tana samar da kimanin kashi 5 cikin 100 na arzikin cikin gida, tana kuma ɗaukar nauyin ayyukan yi kusan miliyan 76 kai tsaye ko a kaikaice. Kuɗin waje da baƙi suka kashe ya kai kusan dala biliyan 30 a 2019.

Yadda harkar ta girma

A 2002, lokacin da gwamnati ta ƙaddamar da tallan nan na "Incredible India" a kafafen watsa labaran duniya, baƙin da ke shiga ƙasar ba su kai miliyan 2.5 a shekara ba. Adadin ya haura miliyan 5 kafin 2010, ya tsallake miliyan 10 a 2017. Wani abin da ya taimaka shi ne bizar intanet da aka soma a Nuwamban 2014 da ƙasashe 43, aka yi ta faɗaɗa ta har ta haɗa da ƙasashe sama da 160, ta yadda matafiyi zai cike takarda ya biya kuɗi daga gida ba tare da ya je ofishin jakadanci ba.

Amma ainihin bunƙasar daga cikin gida ta fito. Tun bayan sauye-sauyen tattalin arziki na 1991, miliyoyin iyalai sun samu rarar kuɗin da za su iya tafiya hutu, sannan jiragen sama masu araha da wayar hannu sun sauƙaƙa yankan tikiti da kama ɗaki. Annobar korona ma ta ƙara wa wannan ɓangare ƙarfi, domin lokacin da iyakoki ke rufe masu hali sun karkata zuwa tsaunukan Himachal Pradesh da Uttarakhand, da fadojin Rajasthan, da Kashmir. Otal-otal da a da suke dogara da Turawa a lokacin sanyi sai suka cika da Indiyawa, musamman masu bukukuwan aure, farashin ɗakuna kuma ya tashi.

Shi kuwa ɓangaren baƙi ya gamu da cikas iri-iri. Yaƙin Rasha da Yukren ya rage jiragen haya da ke kai masu hutu Goa, jihar da baƙinta na waje suka ragu da kusan rabi tsakanin 2019 da 2023. Bayan faɗuwar gwamnatin Sheikh Hasina ta Bangaladash a watan Agustan 2024, Indiya ta taƙaita ba 'yan Bangaladash biza, abin da ya sa Amurka ta hau matsayi na farko a jerin. A ranar 22 ga Afrilun 2025 kuma 'yan bindiga suka kashe mutum 26 a kusa da Pahalgam da ke Kashmir, kusan dukkansu masu yawon buɗe ido, lamarin da ya kai ga musayar wuta tsakanin Indiya da Pakistan a watan Mayu, ya kuma durƙusar da kasuwar yankin a tsakiyar kakarta.

A daidai wannan lokaci Indiyawan da ke fita waje sun kai kusan miliyan 28 a 2023, wato kusan ninki uku na baƙin da ke shigowa. Tailan da Malesiya sun cire musu sharaɗin biza a ƙarshen 2023 domin su ja su. Wannan ne ya sa Firaminista Narendra Modi ya yi kira ga attajirai da su riƙa yin bukukuwan aurensu a gida, kuma ziyarar da ya kai tsibiran Lakshadweep a Janairun 2024 ta haifar da cacar baki da Maldibs, har Indiyawa da dama suka soke tafiyarsu can.

Abin da aka gina

Babu mai musun cewa an zuba kuɗi a manyan ayyuka. Alƙaluman gwamnati sun nuna filayen jiragen sama masu aiki sun ƙaru daga 74 a 2014 zuwa 157 a 2024, kuma Indiya ce ta uku a duniya wajen zirga-zirgar jiragen cikin gida, bayan Amurka da Sin. A 2023 kamfanin Air India, wanda rukunin Tata ya karɓa daga hannun gwamnati a Janairun 2022, ya yi odar jirage 470, IndiGo kuma ya yi odar 500 daga Airbus. Manyan hanyoyin tarayya sun tashi daga kimanin kilomita 91,000 zuwa 146,000 cikin shekaru goma. Jiragen ƙasa na zamani da ake kira Vande Bharat sun soma aiki a Fabrairun 2019 tsakanin Delhi da Varanasi, sannan a Yunin 2025 aka buɗe gadar kogin Chenab mai tsayin mita 359, wadda ta ba jirgin ƙasa damar isa kwarin Kashmir daga sauran sassan ƙasar.

Shirin da ya fi jan hankali shi ne UDAN, wanda aka ƙaddamar a 2016 domin kai jirage ƙananan garuruwa. Tsarinsa shi ne a ƙayyade farashin rabin kujerun jirgi a kan kusan rupi 2,500 ga tafiyar awa ɗaya, gwamnati ta cike wa kamfani giɓin har tsawon shekara uku, da fatan kafin nan hanyar ta tsaya da ƙafarta. Rahoton babban mai binciken kuɗi na ƙasar na 2023 ya nuna cewa fiye da rabin hanyoyin da aka raba a zagayen farko uku ba a ma soma tashi a kansu ba, kuma ƙasa da kashi 10 cikin 100 ne suka ci gaba bayan ƙarewar tallafin. Ga kuma rushewar kamfanoni: Jet Airways ya daina aiki a 2019, Go First a 2023, abin da ya bar IndiGo da kimanin kashi 60 cikin 100 na kasuwar cikin gida. Don haka yawan filayen jirage gaskiya ne, amma ba kowane fili ba ne ke ganin jirgi kullum.

Inda aikin ya tsaya

Giɓin da masu harkar suka fi kuka da shi yana wajen masauki. Ɗakunan otal-otal na manyan kamfanoni a faɗin Indiya kimanin 200,000 ne, alhali Dubai kaɗai tana da kusan 150,000. Ƙasa tana da tsada a birane, izinin gini yana bi ta ofisoshi masu yawa, kuma harajin ɗakin da ya haura rupi 7,500 a dare kashi 18 cikin 100 ne. A Satumban 2025 an rage na ɗakunan da ba su kai haka ba daga kashi 12 zuwa 5, wanda ya fi amfanar matafiyin cikin gida. Sakamakon ƙarancin shi ne, a watannin sanyi, lokacin da baƙi suka fi zuwa kuma lokacin da ake bukukuwan aure, mako ɗaya a Goa ko Udaipur na iya fin mako ɗaya a Biyetnam ko Tailan tsada.

Sauran matsalolin ƙanana ne a ido, amma su ne baƙo ke cin karo da su da zarar ya fito daga filin jirgi: shara, ƙarancin banɗaki mai tsabta, hanyar masu tafiya a ƙasa da ta lalace, 'yan kamasho da ke tare mutum a ƙofar wuraren tarihi, da direbobin tasi a Goa da suka daɗe suna adawa da shigowar manhajojin kiran mota. Hayaƙin da ke lulluɓe Delhi a Nuwamba da Disamba yana zuwa ne a daidai tsakiyar kakar baƙi. Batun tsaron mata kuma ya ci gaba da bin sunan ƙasar tun bayan fyaɗen da aka yi wa wata ɗaliba a cikin bas a Delhi a Disamban 2012. Hatta tsarin biyan kuɗi ta waya na UPI, wanda mai shayi da mai keke ke karɓa, an gina shi ne a kan asusun bankin Indiya, don haka baƙo sai ya bi ta wani tsari na daban kafin ya iya amfani da shi. Kusan duk waɗannan ayyuka ne na jihohi 28 da hukumomin birane, ba na gwamnatin tarayya ba, kuma hukumomin biranen Indiya ba su da kuɗin shiga mai yawa. Gina gada aiki ne da ake gamawa a yanke ƙyalle, kwashe shara kuwa sai an biya albashi kowane wata.

Taj Mahal da ke Agra, wanda sarki Shah Jahan ya soma ginawa a 1632 a kan kabarin matarsa Mumtaz Mahal, ya nuna yadda ake kallon rukunan biyu. Ɗan ƙasa yana biyan rupi 50 a ƙofa, baƙo yana biyan 1,100, duk mai son shiga ɗakin kabarin kuma ya ƙara 200. Ranar Juma'a ana rufe wurin ga masu yawo saboda sallah a masallacin da ke harabar. Yawancin baƙi kan iso da safe daga Delhi ta babbar hanya ko jirgin ƙasa, su koma da yamma ko su wuce Jaipur, ta yadda ingancin hanyar ya rage wa Agra masu kwana.

Ziyarar ibada

Ba za a fahimci biliyoyin ziyarce-ziyarcen cikin gida ba sai an dubi addini. Jihohin Uttar Pradesh da Tamil Nadu, masu manyan wuraren bauta, su ne suka saba zama kan gaba. 'Yan Hindu na zuwa Tirupati da Varanasi da Vaishno Devi, mabiya Sikh na zuwa Amritsar, 'yan Buda na zuwa Bodh Gaya, Musulmi da waɗanda ba Musulmi ba kuma na ziyartar hubbaren Shehu Mu'inuddin Chishti a Ajmer. Gwamnati ta ware shiri na musamman, PRASAD, domin gyara irin waɗannan wurare, ta faɗaɗa harabar wurin bautar Kashi Vishwanath a Varanasi a Disamban 2021, ta kuma buɗe sabon filin jirgi a Ayodhya a ƙarshen Disamban 2023, makonni kaɗan kafin buɗe wurin bautar Ram ranar 22 ga Janairun 2024. An gina wurin bautar na Ram ne a filin masallacin Babri, wanda gungun masu tsattsauran ra'ayin Hindu suka rushe ranar 6 ga Disamban 1992, kotun ƙoli kuma ta miƙa filin ga 'yan Hindu a 2019 tare da umarnin a ba Musulmi wani fili.

Magoya bayan gwamnati suna cewa kuɗin yana bin inda jama'a suke tafiya ne, kuma garuruwan da aka yi watsi da su shekaru aru-aru yanzu sun samu hanya da wuta da ciniki. Masu suka suna cewa zaɓin wuraren yana tafiya da manufar siyasar jam'iyyar BJP mai mulki, suna kuma nuni da gidaje da shagunan da aka rushe domin faɗaɗa hanyoyi a Varanasi da Ayodhya, inda wasu mazauna suka koka kan diyya. Akwai kuma batun rayuka: hukumomi sun tabbatar da mutuwar aƙalla mutum 30 a turmutsutsun Kumbh ranar 29 ga Janairun 2025, wasu 18 kuma suka mutu a tashar jirgin ƙasa ta New Delhi ranar 15 ga Fabrairu, yawancinsu a kan hanyar zuwa bikin.

Saɓanin ra'ayi kan alkibla

Gwamnati ta sa wa kanta burin karɓar baƙi miliyan 100 a shekara kafin 2047, lokacin cikar ƙasar shekara 100 da samun 'yanci, kuma kasafin kuɗin Fabrairun 2025 ya yi alƙawarin bunƙasa wurare 50 tare da jihohi da ba da rance ga masu sauke baƙi a gidajensu. Ƙungiyoyin masu shirya tafiye-tafiye suna ganin burin bai yi daidai da aiki ba, domin a 2023 an rufe ofisoshin tallata yawon buɗe ido da Indiya ke da su a ƙasashen waje, aka miƙa aikin ga ofisoshin jakadanci, aka kuma zaftare kuɗin talla. Hujjarsu ita ce baƙo ɗaya yana kashe abin da ya ninka na ɗan gida sau da yawa, kuma da kuɗin waje. Wasu masana tattalin arziki kuwa suna cewa kasuwar cikin gida ta fi jure girgiza, kamar yadda aka gani lokacin annoba, kuma kuɗinta yana isa ga mai ɗakin haya da mai kwale-kwale, ba ga manyan otal kawai ba.

Rukuni na uku, masu kare muhalli, suna tambayar ko tsaunukan Himalaya za su iya ɗaukar wannan cunkoso. Suna kafa hujja da ambaliyar Kedarnath ta Yunin 2013 da ta hallaka dubban mutane, da ƙarancin ruwan da ya sa mazauna Shimla suka roƙi masu hutu su dakata da zuwa a 2018, da tsagewar gidaje a Joshimath a Janairun 2023, da ruftawar ramin hanya na Silkyara a Nuwamban wannan shekarar, inda ma'aikata 41 suka maƙale kwana 17 kafin a ceto su. Gwamnati tana kare aikin hanyoyin yankin da cewa ban da masu ziyara, sojojin da ke tsaron iyaka da Sin ma suna buƙatarsu, kuma kotun ƙoli ta amince da wannan hujja a 2021.

Abin da hakan ke nufi ga talakawa

Ga ɗan Indiya mai ƙaramin ƙarfi, harkar tana buɗe ƙofar aiki da ba ta buƙatar dogon karatu: tuƙi, girki, sayar da kayan hannu, jagorancin baƙi. Sai dai yawancin ayyukan na kaka ne, ba kwantiragi ba fansho, kuma hari ɗaya ko ambaliya ɗaya kan tsayar da su, kamar yadda masu dawakin haya da masu gidajen kwale-kwale na Kashmir suka gani a 2025. A garuruwan da suka yi farin jini kuɗin haya da farashin fili suna tashi, wanda yake riba ga mai fili, nauyi ga ɗan haya.

Hausawa da dama sun san Indiya ta fina-finai, amma wanda ya taka ƙasar daga Kano ko Yamai galibi jinya ce ta kai shi, ko karatu, ko fatauci. Sama da mutum 600,000 ne suka shiga Indiya neman magani a 2023, mafi yawansu daga Bangaladash, sai ƙasashe irin su Iraƙi da wasu na Afirka, ciki har da Najeriya. Suna zuwa manyan asibitocin kuɗi kamar Apollo da Fortis da Max da Medanta domin aikin zuciya da ciwon daji da dashen ƙoda, saboda farashin ya yi ƙasa sosai da na Turai da Amurka. Akwai bizar jinya ta musamman da ta mai rakiya, ana kuma neman katin rigakafin shawara daga wanda ya fito daga ƙasashen da cutar take. A batun dashen ƙoda, dokar Indiya ta 1994 ta haramta saye da sayar da sassan jiki, don haka baƙo sai ya zo da mai ba shi, ya kawo shaidar dangantakarsu daga ofishin jakadancin ƙasarsa, sannan wani kwamiti ya amince kafin a yi aiki.

Raguwar marasa lafiya daga Bangaladash ta sa asibitocin Indiya sun ƙara mayar da hankali kan Afirka da Gabas ta Tsakiya, kuma kasafin 2025 ya ambaci sauƙaƙa bizar masu jinya. Wannan na iya rage wahalar takardu, amma ba lallai ya rage kuɗin da iyali za su kashe ba, domin tafiyar kan bi ta Adis Ababa ko Dubai ko Doha, mai jinya da mai rakiya kan yi makonni a masauki kusa da asibiti bayan an sallame su, kuma tsadar ɗakunan da cunkoson masu hutu na cikin gida ya haifar tana shafar su a Delhi da Mumbai da Chennai, a daidai lokacin da darajar naira ta faɗi tun bayan sakin farashin canji a Yunin 2023.